Sawu a Ɗakin Littattafan Malam Hassoumi

Ranar sadakar arba'in ɗin Malam Hassoumi aka gano an kwashe littattafansa. An gama addu'a, an ci shinkafa, sai Alhaji Boukari, shugaban ƙungiyar 'yan Nijar mazauna Greensboro a Amurka, ya ce a zo a buɗe ɗakin karatun da marigayin ya bari a sa masa sunansa. Har allo mai ruwan zinari an yo don liƙawa a ƙofa. Ɗakin yana bayan ofishin ƙungiya a Gate City Boulevard, tsakanin kantin kayan abinci na Djibrilla da filin dillalan tsofaffin motoci. Alhaji ya murza mabuɗi, ya kunna fitila, sai ga kantoci shida wayam. Littattafai sama da ɗari huɗu na tarihin duniya da hulɗar ƙasashe, waɗanda Malam ya yi shekara ashirin da shida yana tarawa, ko ɗaya ba a bari ba. Ba a fasa ƙofa ba, ba a taɓa taga ba.

Kafin a kashe fitilar har an sami ɓarawo. Mutanenmu ba sa ɓata lokaci a irin wannan.

"Mabuɗi biyu ne," in ji Alhaji Boukari. "Ɗaya ga shi a hannuna. Ɗayan kuma kun san wa Malam ya ba."

Kowa ya sani. Davou ne, mutumin Jos, Kirista, direban motar kai kayan ɗaki, wanda duk Asabar yake zuwa su zauna da Malam suna karatu suna gardama a kan taron Balin na rabon Afirka da yaƙin cacar baka har shayi ya huce. Wani ya ce ya ga motarsa shaƙe da kwalaye makon jiya. Wani ya ce irin waɗannan littattafai tsada gare su a intanet. Waɗanda ba su taɓa ɗaga bangon ko guda ba su suka fi kowa ɗaukar zafi.

"Lahadi mai zuwa mu zauna," in ji Alhaji. "In bai fiddo su ba, Litinin da safe in kai dossier ɗin ƙara wurin police."

Zabeirou yana can baya ya jingina da bango yana hutar da gwiwarsa mai ciwo. Shekararsa sittin da ɗaya. A ƙasar Dakoro, in raƙumi ya ɓata ko an kore shanun wani, shi ake aikawa a kira, ya bi sawu kwana uku ya dawo da dabba, wani lokaci har da wanda ya kore ta. Yanzu kwalaye yake lodi a wata ma'ajiyar kaya a Wendover Avenue. Gari duk kwalta da siminti, shekara goma sha takwas ba wanda ya ce masa ya dubi ƙasa, shi kuma bai yi kewar abin ba.

*

Washegari da ya tashi daga aiki ya tarar da Davou tsaye kusa da motarsa, dogo, ya faɗa kamar wanda ya yi jinya.

"Baba Zabeirou, ka ji abin da ake cewa."

"Na ji."

"Interview ɗina na takardun zama saura sati uku. Matata Angelina da yara shekara bakwai suna Jos suna jira. Lawyer ya ce in sunana ya shiga police report, ko daga baya an wanke ni, file ɗin zai koma ƙarshen layi. Ba na iya sake ce mata ta ƙara haƙuri, Baba. Bakina ba zai iya ba."

Zabeirou ya dubi ƙafafunsa da suka kumbura cikin takalmin aiki. Ba abin da yake so irin ya je gida ya tsoma su a ruwan zafi.

"Ni raƙuma na sani, Davou."

"Malam ya ce ka taɓa gane ɓarawo don yana ɗingishi da ƙafar hagu."

"Malam yana da yawan magana, Allah ya jiƙansa."

Amma ya tuna Davou ne ya yi shekara biyu yana kai Malam wankin ƙoda sau uku a mako, lokacin da 'yan ƙungiya kowa aiki ya yi masa yawa. Ya sauke numfashi ya ce zai duba.

*

Alhaji Boukari ya ba shi mabuɗi yana murmushin da ake yi wa tsoho mai rigima. Zabeirou ya cire takalma a bakin ƙofa, ya bar fitilar ɗakin a kashe, ya durƙusa da ƙyar, ya kwantar da tocilan a ƙasa don hasken ya bi saman ƙura.

Kantocin ƙasa ƙura ta riga ta sake rufe gurbin littattafan. Na tsakiya ta fara sauka kaɗan. Na sama kuwa fes suke, ko mako ba su yi da zama wofi ba. Ke nan ba rana ɗaya aka yi aikin ba, an yi makonni ana zuwa, kuma daga ƙasa aka faro. Daga gindin kantoci zuwa ƙofar baya akwai layi biyu siri-siri, sawun ɗan keken da ake jan cefane da shi, ya je ya dawo ya fi a ƙirga. Mai motar kaya da ƙarfin Davou tafiya biyu ta ishe shi.

A lungu akwai kujerar roba. Da ya haska mazauninta sai ya ga tafin ƙafa, ƙarami, ba takalmi. Wanda ya hau ta gajere ne, kuma sai da ya tuɓe takalminsa kafin ya taka kujerar mutane. Zabeirou ya daɗe yana kallon sawun. Ɓarayi da yawa ya bi a rayuwarsa, bai taɓa gamuwa da mai irin wannan ladabi ba.

Duk da haka bai bar zancen kwalayen ba. Ran Talata ya tuƙa har Summerfield, ya wuce gonakin dawaki, ya isa ƙaramin cocin su Davou. Matar fasto, Abigel, ta buɗe masa ɗakin ajiya ba tare da ta ɓoye fushinta ba. Kwalaye ne kam, cike da gwangwanayen wake da taliya da ake raba wa mabuƙata. Ya ba ta haƙuri, ta ce ba ita ya kamata a ba haƙuri ba.

*

Gajere kuwa akwai shi a maƙwabta. Djibrilla mai kanti bai fi kafaɗar Zabeirou ba, kuma kowa ya san ya daɗe yana son ɗakin don ya jera firizojin kifi.

"Bon, ina son ɗakin, ban ɓoye ba," in ji Djibrilla yana auna wa wata mata gari. "Na faɗa wa Alhaji gaban kowa, bibliothèque da mutum biyu ke shiga asara ce. Amma mi zan yi da littafi? Ko receipt ɗiyata ke karanta mini."

"Waccan camera fa?"

"Shekara biyu da mutuwarta. Don tsoratarwa ta ke nan."

"Cire silifa in gani."

Djibrilla ya zaro ido, amma ya cire. Ƙafa ce faffaɗa kamar shebur, sawun kujera sai ya shiga cikinta sau biyu. Zabeirou ya sayi goro ya fito, gwiwarsa tana zugi, ransa a dagule.

A gida in an kore shanu ba a tsayawa zagaye garke, kasuwa ake nufa. Ya tambayi kansa ina kasuwar tsofaffin littattafai a garin nan, sai ya kira Davou. Kwana biyu suna bin shagunan gwanjo bayan tashi daga aiki. A shago na biyar, can ƙarshen Gate City Boulevard, Davou ya tsaya cak gaban wata kanta tsakanin tsofaffin tukwane da fitilun tebur.

"Ga su," ya ce. "Wannan na rikicin Suez ne. Wannan na kafa Majalisar Ɗinkin Duniya. Wannan muke karantawa lokacin da ya kwanta."

Ma'aikaciyar shagon ta ce a bakin ƙofar baya ake ajiye musu kaya a tafi, ba sa ganin masu kawowa. Na Faransanci sun zubar, don ba mai saye. Na Turanci an ɗiba, sittin da 'yan kai suka rage.

Zabeirou ba ya karanta Turancin littafi, don haka ya yi abin da ya iya, ya juya su yana duba jikinsu. Ya buɗe na farko, ya buɗe na biyu, ya buɗe na goma. Kowanne an yanke masa shafin farko da reza, yanka a miƙe, a tsanake, ba yaga ba.

"Mi ke cikin shafin nan?"

"Sunansa mana... a'a, tsaya." Davou ya juya shafin. Hatimin Malam yana nan a shafi na biyu, da sunansa da lambar wayarsa, wani kuma a gefen littafin. "Sunan yana nan. A na farkon rubutun Larabci yake yi da hannunsa. Duk littafin da ya saya sai ya rubuta Bismillah, da addu'a ga iyayensa. Na taɓa yi masa tsiya, na ce har littafin 'yan gurguzu ya musuluntar."

Zabeirou ya rufe littafin a hankali. Ya ji gajiyar shekara goma sha takwas ta sauko masa gaba ɗaya. Ya biya kuɗinsu, ya ce a kwashe su a sa a bayan motarsa, sannan ya sauke Davou a gida.

*

Ran Juma'a bayan masallaci ya je gaishe da Hajiya Chamsiya, matar marigayin. Tana cikin takaba, wata huɗu da kwana goma ba fita, mata ke yi mata cefane suna kawowa. Ita ce ta ciyar da Zabeirou wata uku lokacin da ya sauka garin nan da jaka ɗaya, kuma ba ta taɓa goranta masa ba.

Lokacin bazara ne, garin furen itatuwa ya rufe duk motar da ta kwana biyu ba a taɓa ba, ya mai da ita rawaya. Tsohuwar motar Malam, wadda aka ce tun rasuwarsa ba ta motsa ba, gilashinta a share yake. An jawo kujerar direba gaba sosai. A kujerar baya ga ɗan keken cefane a naɗe.

Ya yi sallama, ta amsa daga kan tabarma, ta ja mayafi.

"Ya haƙuri, Hajiya?"

"Haƙuri sai ma'aiki, Zabeirou. Ya gwiwar?"

"Tana nan." Ya zauna daga bakin ƙofa. "Alhaji zai kai sunan Davou police ran Litinin. Na ce masa taron Lahadi a nan za a yi, tunda littattafan mijinki ne, kuma ke ba ki iya fita."

Ta daɗe tana jan carbi.

"To," ta ce. "Ku zo."

*

Bayan azahar ɗin Lahadi falon ya cika. Alhaji Boukari ya zauna a babbar kujera da ambulan ɗin ƙara a cinyarsa, Djibrilla a gefensa, sauran dattawa a kan kafet. Davou ya tsaya kusa da ƙofa, ba wanda ya matsa masa wuri. Hajiya tana lungu a kan tabarmarta.

Zabeirou ya ajiye littattafai uku a tsakiya. Ya faɗi abin da ƙura ta nuna masa, da sawun keke, da tafin ƙafar da ke kan kujera. Sannan ya buɗe littattafan ya nuna inda reza ta bi.

"Voilà," in ji Alhaji. "Aikin ɓarawo ke nan. Ya cire sunan mai kaya don ya sayar."

"Ga sunan nan, Alhaji, har da numéro ɗin waya. Ba a taɓa shi ba. Abin da aka cire Bismillah ne. Wanda ya yi aikin nan ya san kayan gwanjo suna iya ƙarewa a shara, ya zauna ya bi littafi ɗari huɗu ɗaya bayan ɗaya don kada sunan Allah ya shiga bola. Bai sayar ba, ajiyewa ya yi ya tafi. Ku gaya mini, wa aka koya wa haka tun yana ƙarami, mu ko Davou?"

Djibrilla ya ɓoye ƙafafunsa ƙarƙashin riga.

"Kuma mabuɗi ba biyu ba ne. Uku ne. Mun binne Malam, ba mu binne mabuɗinsa ba."

Ya tsaya nan. Ya riga ya yi wa kansa alkawari ba zai kira suna a gidan da ya ci tuwo ba, amma ya san in shirun ya yi tsawo sai ya kira, kuma abin yana ci masa rai.

"Ya isa, Zabeirou," in ji Hajiya Chamsiya.

Ta tashi ta shiga ɗaki, ta fito da ƙunshin farin ƙyalle, ta kwance shi a kan tebur. Takardu ne jibge, kowacce da rubutun Malam.

"Ni ce. Sau tara na je, da hantsi, kuna wurin aiki."

"Hajiya! Cikin takaba?" in ji Alhaji.

"Cikin takaba. Da ya kawo ni ƙasar nan cewa ya yi shekara huɗu, ya gama doctorat mu koma, a ba shi aiki a ministère. Shekara ashirin da shida ke nan, Alhaji. Duk shekara sai ya buɗe littafi ya ce duniya za ta juya, gwamnati za ta sake, za a neme shi, mu jira. Innata ta rasu muna jira. Ƙanwata ta rasu muna jira. Ya san wanda ya zana iyakar kowace ƙasa, ya san abin da aka faɗa a taron Bandung, amma bai san lambar bus ɗin da nike shiga in je wankin zannuwan tsofaffi ba. Mutumin kirki ne, Allah ya sani, ban taɓa jin zagi a bakinsa ba. Amma da kuka zo gaisuwar bakwai kuka ce za ku liƙa sunansa a ƙofar ɗakin nan, zuciyata ta ƙi. Ba na son in wuce titin nan in san suna ciki a jere, lafiyarsu ƙalau, shi yana ƙasa."

Ta juya wajen ƙofa.

"Davou, ɗana. Tun Lahadin da ta wuce na ji ana kiran sunanka. In na ce ni ce, sai na ce na fita, mata su ji, gida su ji. Kunya ta riƙe ni na bar ka a ciki. Wannan shi ne laifin da ya fi. Ka yafe mini."

Davou ya durƙusa daga inda yake.

"Mama, na yafe. Ke kina da dalili." Ya ɗago ya dubi mazan. "Su fa?"

Alhaji Boukari ya gyara hula. "Ai ba mu ce kai ne tabbas ba. Bincike ne."

"Alhaji, shekara goma sha ɗaya ina cin abinci da ku. Ko tambayata ba ku yi ba."

Ya zaro mabuɗin daga aljihu ya ajiye kusa da ƙunshin takardun. Zabeirou ya miƙa hannu, Alhaji ya ɗan yi jinkiri sannan ya ba shi ambulan ɗin ƙarar. Zabeirou ya yaga shi gida huɗu a gaban kowa, ya zuba a aljihunsa don kada a ce an bar wa Hajiya shara.

*

A wurin ajiye motoci Zabeirou ya buɗe bayan motarsa. Littattafai sittin da 'yan kai, abin da ya rage na shekara ashirin da shida, a cikin kwalayen ayaba guda uku.

"Na tambaye ta," ya ce. "Ta ce ka ɗauka, ba ta son sanin inda suke."

Davou ya laluba ya ɗauko wanda suke karantawa lokacin da Malam ya kwanta. Takardar ganin likita tana nan a tsakiya, inda suka tsaya.

"Saura babi biyu," ya ce. "Wa zan karanta da shi?"

Zabeirou ya jingina da mota ya ɗaga ƙafar mai ciwo. Bai damu da wanda ya ci yaƙin cacar baka ba, barci kawai yake so. Amma ya ga yadda mutumin yake riƙe da littafin.

"Asabar ba ni da shift. Ka karanta, ka juya mini da Hausa."

"Da gardama ake yi, Baba."

"Kai dai fara."

Davou ya shafa gurbin da reza ta bi.

"Malam shi yake kawo shayi," ya ce.

"Zan kawo," in ji Zabeirou.